Tubalan katako da littattafan tarbiyya: da wanne za a fara?



Makarantun islamiyya da yawa yanzu sun fara karɓar yaran da ba su kai shekara shida ba, kuma galibi ɗalibanmu manya, musamman mata, su ake danƙa wa ajin. Tambayar da ke ta zuwa daga wajensu ita ce: me za mu karanta don mu san yadda ƙaramin yaro yake koyo? Wanda ya ratsa ta makarantar horon malamai yakan amsa da sauri, ya ce Piaget. To amma abin da mafi yawanmu muka fito da shi daga can, matakai huɗu ne da aka haddace, aka zuba a takardar jarrabawa, aka manta. A ganina an juya karatun ne kai ƙasa. Kamata ya yi a fara da littattafan waɗanda suka zauna a ƙasa suka kalli yara suna wasa, sannan a hau zuwa masu manyan nazarce-nazarce. Kuma wasan da aka fi rubutu mai amfani a kansa shi ne wasan gini da tubalan katako.

Tubalan nan ba wani abin mamaki ba ne. Guntayen katako ne da aka yanka aka goge, ba fenti, ba batir, ba ido ba baki, don haka ko maganar surar mai rai ba ta taso ba. Wata malama a Amurka mai suna Caroline Pratt ce ta tsara irin waɗanda aka fi sani, a birnin Niyu Yok wajen 1913. Tubalin asali kaurinsa kusan santimita 3 da rabi ne, faɗinsa 7, tsawonsa 14. Wato faɗi ya ninka kauri, tsawo ya ninka faɗi. Sauran duk daga wannan aka fitar da su: rabinsa, ninkinsa biyu, ninkinsa huɗu, mai kusurwa uku, mai baka kamar ƙofar soro. Sirrin yana cikin wannan awo. Yaron da dogon tubali ya ƙare masa, zai gano da hannunsa cewa gajeru biyu suna tsaya masa a madadinsa, tun bai taɓa jin kalmar rabi a bakin mushe ba.

Littafin da nake so kowa ya fara da shi ɗan siriri ne, The Art of Block Building, wato fasahar gini da tubala, na Harriet Johnson, ya fito a 1933. Ita da farko ma'aikaciyar jinya ce, daga baya ta shugabanci wata makarantar ƙananan yara a Niyu Yok. Wataƙila aikin jinyar ne ya koya mata kallo da rubutawa ba tare da gaggawar yanke hukunci ba. Shekara da shekaru tana lura da abin da yara ƴan shekara biyu zuwa shida suke yi da tubalan, tana zana gininsu a takarda. Daga rubutunta ne aka fitar da matakan da malaman ƙananan yara suke ambato har yau. Da farko yaro ba ya gini sam, ɗauka yake yi yana yawo da su, ya zuba a kwando ya juye. Sai ya fara jerawa a ƙasa ko ɗorawa sama, yana maimaita abu guda ba gajiya. Sai gada: tubali biyu a tsaye, na uku a kwance a kansu. Sai kewaye, kamar garke ko danga. Sai ado, abin da ya sa a dama ya sa irinsa a hagu. Can gaba ne yake ba ginin suna, daga ƙarshe kuma ya ƙudurta tun farko cewa tasha zai gina ko kasuwa, ya gina, ya shiga wasa a cikinta.

Ku tsaya kan gadar nan kaɗan, don a nan ne littafin ya fi ƙarfi. Yaro ya kafa tubali biyu, ya ba su tazara fiye da kima, ya ɗora na uku, ya faɗa tsakani. Ya sake, ya sake faɗawa. Wani yaron sai ya yi kwanaki a kan wannan matsala kafin ya gane cewa matsowa zai yi da ɗaya. Babu wanda ya daka masa tsawa, babu wanda ya ɗaga bulala. Katakon ne ya gaya masa bai yi daidai ba, kuma katako ba ya fushi, ba ya son kai, ba ya gajiya da maimaitawa. Malamar da ta karanta Johnson, in ta ga yaro ɗan shekara uku yana ta jidar tubala daga wannan lungu zuwa wancan, ba za ta ce ɓarna yake yi ba, ta san inda yake a hanya. Aibin littafin shi ne yadda aka riƙe shi daga baya. An mayar da matakan kamar tsani mai lamba, har wasu na auna yara da su, wai wane ya makara. Ita kuwa bayanin abin da ta gani ta yi a makaranta guda, cikin birni guda. Ana samun rubutun nata a cikin wani littafi mai suna The Block Book, wanda Elisabeth Hirsch ta tattara, bugun farko 1974. Sauran babobinsa ba su kai nata daɗi ba, amma akwai bayanin yadda ake ajiye tubalan a kanta da yadda ake raba faɗan yara a wajen gini, kuma duk wanda ya taɓa riƙe aji ya san wannan ba ƙaramin ilimi ba ne.

Na biyu shi ne na Pratt ɗin kanta, I Learn from Children, wato ina koyo daga yara, 1948. Ta rubuta shi tana tsohuwa, ta haura tamanin, kuma da muryar tsohuwar da ba ta jin tsoron kowa. Kafin ta buɗe makarantarta aikin katako take koyarwa, shi ya sa ta san awo. Abin da ya fi burge ni a wajenta, ba ta barin tubalan su zama wasan cikin ɗaki kawai. Takan fita da yara su je bakin kogi su ga jiragen ruwa, su ga masu sauke kaya, su yi tambaya, su dawo su gina abin da suka gani. In ginin ya ƙi, sai tambaya ta taso, sai a koma a sake dubawa. Da suka girma kuma kowane aji da aikinsa na gaske: wani aji ke riƙe gidan waya na makarantar, wani ke riƙe kantin sayar da fensir da takarda, da lissafin kuɗinsa. Inda ban bi ta ba shi ne jinkirta koyon karatu har sai yaro ya kai wajen shekara bakwai, da kuma ƙyamar da take nuna wa duk abin da ya yi kama da hadda. Mu da muka ga abin da kunnen ɗan shekara biyar yake iya ɗauka ya riƙe har tsufa, ba za mu sayi wannan ba. Ta san hannun yaro da idonsa ƙwarai, kunnensa ne ba ta ba shi haƙƙinsa ba.

Duk wannan yana da kaka, shi ne Friedrich Froebel, Bajamushe, an haife shi 1782 ya rasu 1852. Shi ya ƙirƙiro sunan da Faransawa suka fassara jardin d'enfants, a 1840, a wani ɗan gari da ake kira Bad Blankenburg. Ya taɓa aiki a gidan adana duwatsu masu ƙyalli a Balin, yana nazarin siffofinsu, kuma wannan ya bi shi har cikin kayan wasan da ya tsara, waɗanda ya kira kyaututtuka. Ta uku a cikinsu dunƙulen katako ne mai gefe shida daidai wa daida, an raba shi ƙanana takwas. Yaro ya warware, ya yi kujera ko rijiya da su, ya mayar ya haɗe. Gwamnatin Furusiya ta hana makarantun nasa a 1851, bisa zargin suna yaɗa rashin addini da tawaye, ya mutu hanin bai tashi ba. Littafinsa na 1826, wanda ake samu da Faransanci da sunan L'Éducation de l'homme, gaskiya ban ba sabon ɗalibi shawarar ya fara da shi ba. Nauyi gare shi, maganar tana ta kewaye, kuma yana cakuɗa Mahalicci da halitta ta hanyar da mai tauhidi zai yi ta tuntuɓe. A karanta tarihinsa a wani wuri ya wadatar. Darasin da ke cikin labarinsa ma ya fi na littafin: bayan mutuwarsa, mabiyansa suka mayar da kyaututtukan abin umarni, malama na faɗa, yara arba'in na ɗora tubali guda a lokaci guda. A kan wannan ne su Pratt suka yi tawaye. Mu ma in aka kawo tubala ajinmu, da wuya a yi wata guda ba a fara "kowa ya ɗauki na dama" ba.

Yanzu sai a zo ga Jean Piaget, mutumin Siwizalan, wanda ake kiran sunansa Fiyaje, 1896 zuwa 1980. Sa'armu ɗaya, da Faransanci ya yi rubutu, ba sai an jira tafinta ba. Wanda ya shafi wasa shi ne La formation du symbole chez l'enfant, 1945, amma ni na fi son La naissance de l'intelligence chez l'enfant, 1936, inda ya bi ƴaƴansa uku tun suna jarirai yana rubuta abin da suka yi rana da rana. Ku tsallake dogayen bayanan in sun yi muku tsauri, ku karanta labaran lurar kawai, za ku ga ashe shi ma mai zama a ƙasa ne kafin a mayar da shi jadawali. Babbar maganarsa ita ce yaro ba tulu ba ne da ake ɗura wa ilimi. Da taɓawa da gwadawa da kuskure yake gina fahimtarsa, kuma kuskurensa yana da nasa hankalin. Wannan gaskiya ne, kuma gadar Johnson shaida ce.

Sai dai a yi hattara da shekarun da ya yanka wa kowane mataki. Akwai gwajinsa sananne: a zuba ruwa daga gajeren kofi mai faɗi zuwa dogo siriri, a tambayi yaro ko ruwan ya ƙaru. Ƙananan yara sukan ce ya ƙaru. A shekarun 1960 wata mai bincike, Patricia Greenfield, ta kai gwajin nan Senegal, wajen yaran Wolof na ƙauye da ba su shiga lakwal ba. Da yawansu suka ce ruwan ya canza, dalilinsu kuwa wai don ita ce ta zuba. Da aka bar yaro ya zuba da hannunsa, sai masu amsa daidai suka ƙaru sosai. Ashe ba ruwan kaɗai yaron ke kallo ba, har da baƙuwar da ke gabansa da abin da take iya yi. Duk wanda ya san yadda ɗanmu yake sunkuyar da kai in babba ya maimaita masa tambaya, ya san amsar da za a samu ba lallai ita ce abin da ke cikin kansa ba. Littafin Margaret Donaldson, Children's Minds, 1978, a kan irin wannan gyara yake gaba ɗaya, kuma ya fi na Piaget sauƙin karantawa nesa ba kusa ba.

Abin da Piaget ya rage wa daraja shi ne babban da ke kusa da yaron. Wanda ya cike wannan gurbi Lev Vygotsky ne, mutumin Rasha, shekararsu ta haihuwa ɗaya da Piaget, amma tarin fuka ya kashe shi a 1934 yana da shekara 37. Shi cewa ya yi akwai abin da yaro ke iya yi shi kaɗai, akwai wanda ba ya iyawa ko an taimake shi, a tsakaninsu kuma akwai fili, abin da yake iyawa in wani wanda ya fi shi ya ɗan sa hannu. A cikin filin nan koyarwa take. Wannan ba baƙon abu ba ne ga wanda ya tashi a makarantar allo, inda gardi ke biya wa kolo, ya ja masa baki a inda ya tsaya, ya yi shiru a inda ya iya. Littafinsa Pensée et langage an fassara shi da Faransanci a 1985, yana da kauri da wuya. Na Ingilishi da aka fi yawo da shi, Mind in Society, 1978, ba shi ya tsara shi haka ba, wasu ne suka tsinto daga rubuce-rubucensa suka gyara suka haɗa, don haka a riƙe shi da wannan sanin. Babin wasa dai ya cancanci a karanta sau biyu. A nan ne ya yi bayanin yaron da ya hau kara ya ce doki ne, yadda a karon farko ma'ana ke rabuwa da abin da ido ke gani. Yaron da ya iya cewa wannan katako mota ce, ya kama hanyar yarda cewa wannan zanen a allo sauti ne.

Akwai wata maƙala gajera da ta haɗa maganar taimakon babba da tubalan katako kai tsaye, ta David Wood da Jerome Bruner da Gail Ross, 1976. Sun ba yara ƴan shekara 3 da 4 da 5 guntayen katako 21 da ake harhaɗawa su zama gini mai siffar dalar Masar, suka sa wata malama ta taimaka, suka rubuta irin taimakon da ya yi aiki: jawo hankalin yaro, rage masa yawan abin da zai fuskanta a lokaci guda, nuna masa inda bambanci yake, kwantar masa da rai in ya fara ƙosawa. Suka kamanta shi da katakon da magina ke ɗaurawa su taka, in bango ya tsaya a kwance shi. Wani abu da suka lura da shi ya tsaya mini a rai: yaro yakan gane ginin da ya yi daidai tun kafin ya iya yin sa da kansa. Malaman tajwidi sun san wannan, yaro na jin an karya madda tun bakinsa bai iya ja ba.

John Dewey kuwa, ku bar babban littafinsa na 1916 sai an kwana biyu, ku nemi ƙaramin na 1938, wanda da Faransanci ake kira Expérience et éducation. A ciki ya soki tsohuwar makarantar zauna-ka-yi-shiru, ya kuma juya ya soki almajiransa da suka ɗauka ƴanci shi ne a saki yara ba jagora. Mutum ne da bai kafa tunaninsa a kan wahayi ba, wannan a sani, amma gargaɗin nasa ya shafe mu. Maria Montessori ma tana da hasumiyarta ta katako goma, daga mai santimita 1 zuwa mai 10, sai dai nata kayan hanya guda ake bi da su, ba gini ne na ganin dama ba.

Wani zai ce, to malamanmu fa? Suna nan, kuma a karanta su tare da waɗannan. Imam Gazali, Allah ya yi masa rahama, a cikin Ihya, wajen maganar horon rai, ya yi nasiha a bar yaro ya yi wasa bayan ya taso daga makaranta, ya kuma yi gargaɗin cewa hana shi wasa da matsa masa da karatu kullum yana dusashe basirarsa har ya fara neman hanyar gudu. Ibn Haldun a Muƙaddima, wadda ya rubuta a 1377, ya keɓe fasali a kan cutarwar tsanani ga ɗalibi, yadda yake haifar da kasala da ƙarya da munafunci, ya kuma yi bayanin koyarwa sannu-sannu daidai da abin da mai koyo zai iya ɗauka. Amma kada mu yi saurin cewa ai duk abin da Turawan nan suka faɗa namu sun riga su. Akwai bambanci na gaske. A wajen Gazali wasa hutu ne daga karatu, don a dawo da ƙarfi. A wajen Pratt da Johnson wasan shi kansa karatu ne. Ɗaya bai rushe ɗaya ba, amma ba magana guda ba ce, kuma malamar da ta tsaya a ta farko kaɗai za ta fito da tubala ne in ta gaji, ta juya baya tana duba waya, alhali lokacin ne ya kamata idonta ya fi buɗewa.

Na gida kuma kada a manta da L'Éducation en Afrique na marigayi Abdu Mumuni, ɗan Tasawa, wanda jami'ar Yamai ke ɗauke da sunansa, bugun 1964. Ba littafin wasan yara ba ne, yawancinsa a kan makarantar mulkin mallaka ne da abin da ya kamata ya gaje ta, har da koyarwa cikin harsunanmu. Amma farkonsa, inda ya yi bayanin tarbiyyar gargajiya da yadda take manne da rayuwa da aikin hannu, shi ne zai tuna muku cewa yaranmu ba su jira katako daga Amurka ba kafin su fara gini. Motar kara, shanun laka, gidan ƙasa bayan ruwan sama, motar gwangwani da waya, duk suna nan. Abin da tubalan Pratt suka ƙara guda ne, awon da ba ya canzawa. Laka tana bin hannun yaro, in ya matsa ta miƙe. Katako ba ya bi, dole yaron ne zai canza dabara. Kowanne da abin da yake koyarwa, kada a kori laka don katako ya zo.

Za ku ci karo a intanet da masu cewa bincike ya tabbatar wasan tubala yana sa yaro ya zama gwanin lissafi. Binciken da aka fi jingina da shi an buga shi a Amurka a 2001, yara 37 kawai aka bi tun suna ƙanana har sakandare, aka ga waɗanda gininsu ya fi tsari sun fi maki a lissafi daga baya. Abin lura ne, amma bai nuna tubalan ne suka jawo ba, mai yiwuwa gidan da suka fito ne ko wani abu dabam. Masu sayar da kayan wasa ne suka fi kowa son wannan magana. Kada ku yi wa iyaye alkawarin abin da ba ku da tabbas a kansa.

Matsalar da ta rage ita ce harshe, don na Johnson da na Pratt da na Donaldson da Ingilishi suke. Ɗalibanmu da suka yi karatu a Najeriya ko Gana za su iya zama da sauran su biya musu babi-babi, na Johnson ma zama biyu ya ishe shi. Su kuwa tubalan, ba sai an yi odarsu daga waje ba. Kowane kafinta yana da ragowar katako a ƙarƙashin teburinsa. A ba shi awon nan, 3 da rabi, 7, 14, a nemi katako mai tauri wanda ba ya tsagewa, a goge gefuna sosai saboda sartse, kada a shafa fenti. A yi na asali da yawa, rabi-rabi da yawa, dogaye kaɗan. Kafin a biya shi, a ɗauki rabi biyu a jera su kusa da na asali guda, a shafa da yatsa. In an ji tudu ko rabin santimita ne, a mayar masa ya sake yankawa.